Makaho Tom, yaron da aka bayar gyara

A shekara ta 1850 an yi wani ciniki a jihar Jojiya, can kudancin ƙasar Amurka. Kayan da aka kasa a wannan ciniki mutane ne: wani bawa mai suna Mingo Wigins, da matarsa Cariti, da ƴaƴansu ƙanana. Ubangijinsu wani Bature ne mai gona, bashi ya sha kansa, ya ga ba shi da mafita sai ya sayar da su. Wanda ya saya kuwa sunansa Jems Betun, ana kiransa Janar. Lauya ne, wato mai tsaya wa mutane gaban alƙali, kuma yana da jarida tasa ta kansa a garin Kolombus.

Cikin ƴaƴan nan akwai wani jinjiri, Tom, wanda aka haifa ran 25 ga watan Mayu 1849. Makaho aka haife shi. Da aka zo yanke kuɗi, ba a sa masa ko kwabo ba. Gyara aka ba da shi, kamar yadda mai tumatir ke ƙara maka ƙwaya ɗaya bayan kun gama ciniki. Ana ba da labari cewa uwar ce da kanta ta roƙi Betun ya saye su gaba ɗaya, don kada a raba ta da ɗanta.

Kafin mu bi yaron nan, bari mu dubi ƙasar da ya faɗo ciki. A kudancin Amurka, a wancan zamani, arzikin manya auduga ce, kuma bayi ne ke nomanta. Kakannin bayin nan daga Afirka aka kwashe su cikin jiragen ruwa. Ƙidayar da aka yi a 1860 ta sami bayi kusan miliyan 4. Abin da baiwa ta haifa bawa ne, ko da ubansa ɗa ne. Kuɗin bawa kuma a ƙarfin damtsensa yake. Ƙaƙƙarfan saurayi mai iya wuni yana tsinkar auduga yakan kai dala 1000, har ya wuce. A lura, dalar Amurka ake nufi, ba dalarmu ta tamma biyar ba, kuma a lokacin lebura yakan wuni yana aiki a kan abin da bai wuce dala guda ba. Ban da wannan, tun 1829 jihar Jojiya ta kafa doka wadda ta hana a koya wa baƙar fata karatu da rubutu, bawa ne ko ɗa. Ku riƙe wannan doka a zuci, za mu sake gamuwa da ita.

To, a irin wannan kasuwa, me makahon jinjiri zai yi wa mai gona? A lissafinsu baki ne mai ci, babu hannu mai aiki.

Kunne

Tom ya tashi ba kamar sauran yara ba. Ya daɗe bai iya faɗin abin da yake so da bakinsa ba. Amma duk ƙarar da ta shiga kunnensa ta zauna ke nan. Zakara ya yi cara, Tom ya maimaita. Tsuntsu ya yi kuka, Tom ya maimaita. Manya su yi hira kusa da shi, can an jima sai a ji shi yana mayar da hirar duka, da muryar wannan da muryar wancan. Yakan buga tukwane da kwanoni don ya ji amonsu. In ana ruwa, sai ya kasa kunne ga yadda yake sauka bisa rufin ɗaki.

Yana da wajen shekara huɗu ya gamu da piyano a gidan Betun. Ga wanda bai taɓa ganin piyano ba, wani babban akwati ne na katako, ya fi teburi girma, sai ƙarti sun taru suke ɗaga shi. A gabansa akwai jerin ƴan katakai farare da baƙaƙe kamar haƙora. Na zamanin yanzu yana da 88. Kowane ɗaya ka danna, wata ƴar guduma a ciki za ta bugi tsirkiya ta ƙarfe, ta ba da murya tata daban. Mai gurmi yana fama da tsirkiya biyu. Mai piyano kuwa da yatsu goma yake kiɗa a lokaci ɗaya, hannun dama na yin nasa, na hagu na yin nasa. Ƴaƴan Turawa sukan yi shekaru suna koyonsa, da malami, da takardun da aka rubuta kiɗan a ciki.

Ƴan matan gidan Betun suna koyon piyano. Tom yana rakuɓe yana ji. Da ya sami hanyar kai hannu ga akwatin, sai aka ji yana fitar da abin da suka kaɗa. Yana shekara biyar ya shirya kiɗa nasa na kansa, bayan wani ruwa mai ƙarfi da aka yi. A cikinsa akwai yayyafi, da iska, da tsawa, da yadda hadari ke wucewa. Sunan kiɗan ke nan ma, Hadarin Ruwa. Daga baya an rubuta shi an buga, yana nan har yau.

Janar Betun mutum ne mai lissafi. Ya gane abin da ke cikin gidansa. Aka bar Tom da piyano, yana wuni a kansa, wani lokaci har dare. A 1857, yaron na shekara 8, aka kama wani zaure a Kolombus, aka sayar da tikiti, mutane suka cika. Ba a daɗe ba Betun ya ba da hayarsa ga wani mai shirya wasanni, Peri Oliba, har shekara uku, a kan dala 15000. Ku auna da kanku. Wannan kuɗin ƙarti goma ne ko fiye. Yaron da aka bayar gyara ya fi duk wani bawa da ke gidan tsada.

Mu ma nan ƙasar Hausa an yi bauta, ba abin ɓoyewa ba ne. Tsofaffi sun san murgu, inda bawa ke fita neman na kansa, ya biya ubangijinsa wani abu, ya riƙe saura. Hayar Tom ba ta kai ko murgu ba. Shi ke aiki, Oliba da Betun ke raba kuɗi.

Abin da ake zuwa kallo

Oliba ya shiga gari gari da shi. Wata rana sau huɗu yaron zai hau dandali. Ga yadda wasan yake. Da fari zai kaɗa manyan kaɗe-kaɗen Turai, na su Betoben da Bak da Mendelson, waɗanda gwanaye ke shan wuya kafin su iya. Sa'an nan a yi shela: duk mai ji da kansa cikin ƴan kallo ya hau ya kaɗa abin da ya ga dama, ko da sabo ne fil wanda ba a taɓa ji ba. Mutum ya hau ya kaɗa ya sauka. Tom ya zauna ya mayar masa da abinsa. An ce in mai kiɗan ya yi kuskure, har kuskuren yakan mayar.

Yana iya juya wa piyano baya, ya miƙa hannu ta baya ya yi kiɗa. Yana iya kaɗa wata waƙa da hannun dama, wata dabam da na hagu, bakinsa na rera ta uku. A danna haƙora da yawa tare, ya faɗi sunan kowace murya ɗaya bayan ɗaya. A 1860 ya ji jawabin wani babban ɗan siyasa, Sitiben Dagalas, wanda ya yi takarar shugabancin ƙasa da Abraham Linkon. Shekaru bayan haka yana mayar da jawabin a dandali da muryar mai shi, har da ihun ƴan kallon wannan rana.

A wannan shekara ta 1860 aka kai shi fadar shugaban ƙasa a birnin Washinton, ya yi kiɗa gaban shugaba Jems Bukanan. Masu tarihi na lissafa shi a matsayin baƙar fata na farko da aka gayyata ya yi wasa a wannan fada. Bai wuce shekara 11 ba. Ya shiga fadar yana bawa, ya fito yana bawa.

Akwai kuma wani abin da mutane ke biyan kuɗi su kalla, wanda ba kiɗa ba ne. Tom yana da halaye nasa. Yakan yi ta jujjuyawa a ƙafa ɗaya. Yakan yi ta kaɗa jiki gaba da baya. In ya gama kiɗa shi ke fara tafa wa kansa. Ba ya cewa "ni", sai ya ce "Tom". Marubucin nan na Amurka, Mak Tuwen, ya gan shi cikin jirgin ƙasa, ya rubuta a 1869 yadda ya yi ta kwaikwayon kukan jirgin da bakinsa tsawon tafiya. Tuwen ɗin ya je kallon wasansa dare uku a jere.

A yau likitoci da yawa da suka karanta labarinsa suna ganin Tom yana da abin da ake kira otizim. Wani hali ne da ake haifar yaro da shi. Yaron yakan sha wuyar magana da cuɗanya da mutane, yakan so maimaita abu ɗaya, canji kaɗan yakan tayar masa da hankali. Kaɗan daga cikin irin waɗannan yara sukan zo da wata baiwa mai ban mamaki, ta lissafi ko zane ko kiɗa. Ba hauka ba ne, ba kuma aikin iska ba ne. Amma sai a 1943 wani likita a Amurka, Liyo Kana, ya bayyana wannan hali a rubuce. A zamanin Tom ba shi da suna. Sunan da masu tallarsa suka ba shi, suka buga a takarda suka manna a bango, shi ne wawa.

Me ya sa sai wawa?

Nan ne ya kamata mu tsaya, don nan maganar take.

Masu bayi suna da hujjar da suke kare kansu da ita. Suna cewa baƙar fata ba shi da ƙwaƙwalwa irin ta Bature, an halicce shi ne don aikin ƙarfi, bauta ma gata ce gare shi. Janar Betun kansa, a jaridarsa, yana cikin na farko da suka yi kira jihohin kudu su ɓalle daga Amurka. Yanzu ga wani yaro baƙi, ɗan bayi, yana kaɗa abin da ƴaƴansu suka kasa bayan shekara goma ta koyo. In aka yarda hankalinsa ne da ƙoƙarinsa, hujja ta rushe. In aka ɓoye shi kuma, kuɗi sun tafi. Sai aka sami dabarar da za ta tsare duka biyu. Aka ce yaron fanko ne, kamar aku, ko kamar kogon dutse mai mayar da murya. Kiɗan ratsa shi kawai yake yi ya wuce, bai san abin da yake yi ba. Wasu marubuta suka kwatanta shi da dabba. Masu bin sha'anin ruhohi, waɗanda suka yi yawa a Amurka a lokacin, suka ce ruhun wani mataccen gwani ne ke kiɗa da hannunsa. Wannan magana ba baƙuwa ba ce a kunnenmu. Mu ma in makaɗi ya gagara, sai ka ji an ce aljanu ke ba shi. Sau da yawa yabo ake nufi. Amma in ka duba, an ɗauke aikin daga hannun mai shi an ba wani.

Takardun talla sun ce ba wanda ya taɓa koya masa kome. Wannan ƙarya ce. Ƴar Betun ta fara nuna masa. Daga baya an ɗauko masa malaman kiɗa, ana biyansu, wasu har tafiya suke yi tare da shi. A birnin Niyok wani gwani mai suna Jozef Poznanski ya yi shekaru yana koyar da shi, yana kuma rubuta sababbin kaɗe-kaɗen da Tom ke shiryawa. Wanda ake ɗaukar wa malami, ai an san yana koyo. Kuma aku ba ya ƙago magana. Tom kuwa ya ƙago kiɗa da yawa: na ruwa, na iska, na hasken wata bisa ruwa, har da wani mai kwaikwayon keken ɗinki. Wasu an buga su da sunansa. Wasu kuma an buga su da sunayen Turawa na ƙarya, irin su Faransuwa Sekzalis da Farfesa Remon.

A 1866 aka ƙetare teku da shi zuwa Ingila. Manyan malaman piyano biyu, Mosheles da Hale, suka jarraba shi, suka rubuta shaida cewa abin da ake faɗa game da kunnensa gaskiya ne. Masu tallarsa suna cewa yana riƙe da kiɗa 7000 a ka. Ko an yi ƙari a wannan lissafi, abin da ya riƙe ɗin ya isa mamaki.

Ni a ganina an yi wa Tom sata iri biyu. An ɗauke kuɗinsa, wannan kowa ya gani. An kuma ɗauke sunansa na mai fasaha, aka bar masa na abin kallo. Ta biyun ce ta buɗe ƙofar ta farkon, kamar yadda za mu gani.

Yaƙi da takardu

A 1861 yaƙin basasa ya tashi tsakanin jihohin arewa da na kudu, kuma bauta ce tushen rigimar. Ran 21 ga Yuli na wannan shekara aka yi babban karo na farko a wani wuri mai suna Manasas, a jihar Bajiniya. Kudu ta yi nasara. Tom, yana shekara 12, ya ji ana ba da labarin, ya mai da shi kiɗa. Wannan shi ne kiɗansa da ya fi shahara. A ciki za ka ji rundunar kudu na tahowa daga nesa da ganga da sarewa, ƙarar na ƙaruwa. Ka ji ta arewa da nata take. Ka ji jirgin ƙasa ya iso da gudummawar soja, Tom na yin kukan jirgin da bakinsa. Igwa kuwa, sai ya shimfiɗa tafin hannu ya danne haƙora da yawa na gefen hagu gaba ɗaya, zaure ya ɗauki rugugi. Masana kiɗa sun lura cewa sai bayan shekara hamsin wannan dabara ta zama abin yayi wurin mawallafan kiɗa na Amurka da Turai.

Abin takaici, lokacin yaƙin an yi ta sa shi wasa ana tara kuɗi don taimakon sojan kudu, wato masu yaƙi don shi da uwarsa su dawwama cikin bauta. Saboda wannan, da kuma yadda ake nuna shi kamar dodo, jaridun baƙar fata da yawa suka juya masa baya. Ana iya gane haushinsu. Amma yaro makaho ɗan shekara 12, wanda ko ƙofar gida ba ya fita sai an ja shi, wa ya tambaye shi ra'ayinsa?

Ran 1 ga Janairu 1863 shugaba Linkon ya yi shelar ƴanta bayin jihohin da suka yi tawaye. Betun ya hango inda iska ta dosa. A 1864, tun yaƙi bai ƙare ba, ya kawo wa Mingo da Cariti takardar yarjejeniya. Takardar ta ce Tom zai zauna a hannunsa har shekara biyar. Za a ba iyayen dala 500 a shekara, da abinci da wurin kwana. Za a ba Tom dala 20 a wata, da kashi 2 cikin 100 na riba. Kusan duk abin da ya rage na Betun ne. Ku tuna da dokar nan ta 1829. Lauya ne ya rubuta takarda, ya miƙa wa mutanen da doka ta hana su koyon karatu, waɗanda kuma har a ranar suna ƙarƙashin ikonsa, ya ce su yarda. Suka yarda.

Yaƙi ya ƙare a 1865, kudu ta sha kashi. A watan Disamba aka gyara tsarin mulkin Amurka, aka haramta bauta a ƙasar duka. Mutum miliyan 4 suka zama ƴaƴa. A wannan shekara wani baƙar fata mai shirya wasanni, Tabs Guros, ya kai Betun ƙara a birnin Sinsinati, yana cewa an sayar masa da haƙƙin riƙon Tom. Alƙali ya bar yaron a hannun Betun.

Saura ƙulli na ƙarshe. A 1870 Tom ya cika shekara 21, shekarun da doka ta ce mutum ya mallaki kansa. Iyalin Betun, waɗanda a lokacin suka koma wata gona a jihar Bajiniya, suka je gaban alƙali suka ce Tom ba shi da cikakken hankali, ba zai iya riƙe kansa ba. Alƙali ya yarda, ya ba Jon Betun, ɗan Janar, riƙonsa. Kalmar nan ta wawa, wadda aka shekara goma sha uku ana mannawa a bango don talla, yanzu ta shiga takardar shari'a. Daga ranar ba a bukatar yardar uwa ko uba, balle ta Tom.

Gaskiya ne Tom yana bukatar mai kula da shi. Ba ya iya lissafin kuɗi, ba ya iya tafiya shi kaɗai, in ransa ya ɓaci sai wanda ya san shi ke iya lallashinsa. Kuma ya shaƙu da mutanen gidan Betun, tun da su ya buɗe kunne ya ji. Amma mai riƙon maraya ko nakasasshe amana aka ba shi, dukiyar ta mai ita ce. Jon Betun ya yi ta yawo da Tom wata takwas ko tara a shekara, kuɗin kuma ya zuba su cikin dawakin sukuwa. An ƙiyasta abin da iyalin Betun suka samu ta hannun Tom ya kai dala 750000.

A 1884 Jon ya faɗi ƙarƙashin jirgin ƙasa yana ƙoƙarin hawa, ya mutu. Ya bar mata, Eliza, wadda suka riga suka ɓata, kuma ya cire ta daga wasiyyarsa. Eliza ta ga hanya ɗaya ce ta rage mata. Ta nemo tsohuwa Cariti daga Jojiya, ta kawo ta Niyok, aka shigar da ƙara da sunan uwa mai neman ɗanta. Aka yi shekara uku ana shari'a. A 1887 kotu ta umarci Janar Betun ya saki Tom. Jaridu suka yi ta shela cewa an ƴanta bawa na ƙarshe a Amurka, shekara 22 bayan an hana bauta. Amma riƙon a hannun Eliza ya faɗa. Ta auri lauyan da ya yi mata shari'ar, suka ci gaba da yawon wasa da Tom. Cariti ta koma kudu hannu wofi. Ta rasu a 1902, ba ta sake zama da ɗanta ba.

Wani makaho kuma

Kada a ce ai dole haka za ta faru ga makaho baƙar fata a wancan zamani. Akwai wani, Jon Wiliyam Bun, wanda aka haifa a jihar Mizuri a 1864. Ciwo ya kama shi yana jinjiri, ya rasa idanunsa. Mutanen garinsu suka taimaka aka kai shi lakkol ta makafi a birnin San Luwi. Shi ma gwanin piyano ne, mai kunne irin na Tom. Bayan ya sha wuya a hannun wani macuci da ya yi yawo da shi yana yaro, sai ya gamu da Jon Lanj, wani baƙar fata ɗan kwangilar gini a garin Kolombiya. Daga 1880 suka kama aiki tare. Lanj ya riƙe shi da amana, da ya girma ya mai da shi abokin tarayya, suna raba riba. Bun ya auri ƙanwar Lanj, ya yi gida nasa, ya yi ta taimakon makarantu da majami'u da kuɗinsa. A 1912 aka ɗauki kiɗansa a wata irin takarda mai huji-huji wadda piyano ke karantawa ya kaɗa da kansa, don haka har yau ana iya jin yadda hannunsa yake. Ya rasu a 1927. Gidansa na nan a Kolombiya, an adana shi.

Ba daidai suke ba ta kowace fuska. Bun makaho ne kawai, yana magana da lissafi kamar kowa. Amma shekara 15 ce tsakanin haihuwarsu, kuma ɗaya ya tashi babu mai takardar mallakarsa.

Shi kuwa Tom, girma ya zo, mutane suka fara gajiya da irin wasansa. A 1903 aka mai da shi gidajen wasa masu araha, inda ake jera mai kiɗa da mai barkwanci da mai rawa a dare ɗaya. A ƙarshen 1904 ciwon shanyewar jiki ya taɓa shi, ya daina fita. Ya zauna a gidan Eliza a garin Hoboken, tsallaken kogi daga Niyok. Maƙwabta ba sa ganinsa, sai dai su ji piyano dare da rana. Ya rasu a watan Yuni 1908, yana da shekara 59. Na'urar ɗaukar murya ta riga ta fito tun 1877, amma ba a bar mana ko faifai ɗaya na kiɗansa ba.

Aka binne shi a wata maƙabarta a unguwar Buruklin ta Niyok, babu ko alama bisa kabarin. Mutanen Kolombus kuma suna cewa an ɗauko gawar an mayar gonar Betun a Jojiya, har suka kafa dutsen tunawa a can a 1976. Wata malamar jami'a baƙar fata, Jeniba Sautol, ta yi shekaru tana tono takardun shari'a da tsofaffin jaridu, ta rubuta littafi uku a kansa, na farko ya fito a 1979. Yawancin abin da aka sani game da yarjejeniyoyin nan daga aikinta ya fito. A 1999 wani mai piyano, Jon Debis, ya tattara kaɗe-kaɗen Tom da aka buga a takarda, ya kaɗa su aka ɗauka a faifai, har da Hadarin Ruwa da Yaƙin Manasas. A 2002 aka kafa dutse bisa kabarin Buruklin, aka rubuta sunansa da shekarar haihuwarsa da ta rasuwarsa.